Akwatin Iya Mazal a Hanyar Kudus

Da sunan Allah wanda ya shimfiɗa ƙasa, ya kafa mata duwatsu, ya tsaga mata koguna, ya watsa 'ya'yan Adam a bayanta, kowa da harshensa, kowa da inda yake fuskanta idan zai yi addu'a. Tsira da aminci su tabbata ga annabawansa baki ɗaya, waɗanda na taka inda aka ce sun taka.

Bayan haka, ni ne Barmo ɗan Mantau, mutumin 'Yandoto. Gemuna ya yi fari, gwiwoyina sun daina bin umarnina. Idan aka ce in ba da labarin ƙasashen da na gani, nakan ba da na duwatsu da tekuna in tsallake na mutane, don na mutanen ne mai ciwo. Yau shi zan bayar, ku saurara.

Tun ina gaban malami ana karanta mana labaran annabawa, na ɗauka garuruwansu an ɗauke su an kai sama tare da su. Sai wata rana wani tsohon alhaji ya ce mini dutsen da Annabi Musa ya hau yana nan, har awaki na kiwo a gindinsa. Wannan magana ta hana ni sukuni. Na bi ayarin alhazai, muka ratsa Borno da Wadai da Darfur, muna noma inda damina ta riske mu, muna tafiya idan ta ɗauke, har Allah ya nufa na sauke farali. Da abokaina suka juya gida, ni sai na shiga jirgin ruwa mai zuwa arewa, ina son in ga dutsen nan, in kuma yi sallah a masallacin Kudus.

Ba mu kai inda muka nufa ba. Jirgin ya bugi dutse a cikin Bahar Maliya, ruwa ya fara shiga, matuƙin ya sauke mu a wata gaɓa da babu gida babu itace, ya ce zai dawo. Har yau bai dawo ba. Wasu Larabawan daji suka zo da raƙuma, jama'a suka bi su zuwa Masar. Mu uku muka rage, mu da Kudus muke so.

Na farko wani malamin Kirista ne daga Habasha, irin waɗanda suka bar aure da dukiya suka tare a gidan ibada. Sunansa Abba Yared. Dogo ne siriri, idanunsa kullum suna ruwa saboda wani tsohon ciwo, burinsa ya shiga Kogin Urdun kafin ya mutu. Ta biyun wata tsohuwar Bayahudiya ce daga Yaman, ana ce mata Mazal, gajeriya mai kaifin baki, tana ɗauke da wani akwatin katako da ba ta yarda kowa ya taɓa. Larabcinmu duka gurgu ne, da shi muke lallaɓawa.

Kwanakin farko kowa gefensa yake ci, gefensa yake addu'a. Ni ina gudun ƙwaryarsu, su ma suna gudun tawa. Ƙishirwa ce ta raba gardama, domin salka ɗaya muke da ita, kuma bakinta ɗaya ne. Ranar da na ga tsohuwar nan ta durƙushe cikin yashi da akwati a ka, na miƙa hannu na ce, "Iya, kawo in ɗaukar miki."

Ta dube ni sama da ƙasa. Ta ce, "Ka san wanda za ka ɗauka?"

Na ce, "Wanda, ko abin da?"

"Mijina ne. Maƙerin azurfa ne, ya mutu tun ina da sauran baƙin gashi. Ya ce mini, 'Mazal, kada ki bar ni a nan, ki kai ni Dutsen Zaitun da ke kallon Kudus.' Na jira 'ya'yanmu su kai shi, duk suka riga ni. To, ga mu, ni da shi."

Na so in fasa, amma hannuna ya riga ya miƙu, kunya ta hana ni janye shi. Na aza akwatin a kaina. Ba shi da nauyi ko kaɗan. Daga ranar ta fara ce mini ɗana, Abba Yared kuwa ya riƙa kirana ɗan Yamma.

Abin mamaki na farko da muka tarar wani tudun yashi ne mai kuka. Idan rana ta take, yashin ya fara gangarowa, sai ka ji ƙara daga cikinsa kamar ana kaɗa ƙararrawa a ƙarƙashin ƙasa. Abba ya ce gidan ibada ne yashi ya binne, masu shi suna nan suna kiran addu'a. Iya ta ce kukan waɗanda suka mutu a jeji ne ba su ga ƙasar da aka yi musu alkawari ba. Ni na ce aljanu ne. Muka tsaya muna musu har yashin ya yi shiru, kamar ya gaji da mu.

Haka muka yi ta yi duk tsawon hanya. Kowane wuri suna uku gare shi. Da muka iso gindin babban dutsen nan mai launin garwashi, na ce Ɗuri Sina, Iya ta ce Horeb, Abba ya faɗi nasa da harshen Habasha. Iya ma cewa ta yi malamansu ba su tabbatar wannan ne ba, ƙila wani ne a gabas. Na ji haushi na ce, "Haba Iya, na baro 'Yandoto saboda dutsen nan, yanzu ki ce ƙila ba shi ba ne?" Ta ce, "Hau ka gani, ɗana, in ka ji tsoro a sama to shi ne." Na hau. A can ƙololuwa na tarar da ɗan masallaci da ɗan ɗakin ibadar Kirista, kusa da juna kamar rumbunan gida ɗaya, babu kowa a ciki sai iska. Na ji tsoro kuwa. Awakin ma na gan su.

Daga nan muka yi gabas, sannan arewa, ta ƙasar da tudunta ba tudun Allah ba ne, gari ne bisa gari. Mutane su gina, yaƙi ya rushe, wasu su zo su gina a kan baraguzan, har ya zama tsauni. Inda ruwa ya zaizaye gefe, kana ganin tukwanen wata al'umma a ƙasa, tokar wata a tsakiya, tubalin wata a sama. Abba ya tsuguna ya shafa da hannu ya ce, "Kowannensu ya ɗauka shi ne na ƙarshe."

Wata safiya muka shiga wata tsaguwar dutse mai ƙunci, ganuwarta ja kamar an shafa jar kanwa, sama ta koma kamar zare. Da muka ɓulla sai ga birni an sassaƙe shi cikin jan dutse, da ginshiƙai da ƙofofi, ba a ɗora tubali ko ɗaya ba. Masu sassaƙar sun ƙare tun zamanin da. Waɗanda muka tarar wasu mutane ne masu zama a kogunan birnin, sana'arsu tone tsofaffin kaburbura don neman zinariya, sarkinsu kuwa wani ƙato mai murya kamar tsawa, sunansa Hanzala. Kafin mu yi sallama an kewaye mu da masu, an fizge akwatin daga kaina.

A gaban sarki aka ɓalle murfin. Iya ta yi wata ƙara da ban taɓa jin irinta daga bakinta ba. Fadawa suka leƙa, suka ga ƙasusuwa, suka fara tsaki. Sarki shi kaɗai bai yi tsaki ba. Ya dubi akwatin, ya dube mu ɗaya bayan ɗaya, murmushi ya fara buɗe masa fuska.

Ya ce, "Musulmi, da Kirista, da Bayahudiya, suna ɗauke da gawa ɗaya. Wane ne wannan da ku duka kuke wa hidima?"

Iya ta ce, "Mijina ne, maƙeri."

"Jiya maƙeri ne. Ku ji, ayari suna wucewa ta bayan garina zuwa Halil da Kudus, babu mai tsayawa, don ba ni da kabarin kowa. Zinariyar kaburburan nan ta ƙare, mutanena suna cin ganye. Ranar kasuwa mai zuwa za ku tsaya gaban fatake, kowa ya rantse da abin da yake bautawa a kan darajar mai ƙasusuwan nan. Ni zan gina masa ƙubba, in ce annabi ne. Shaidar addini uku, wa zai ƙaryata? In kun yi, ku kama hanyarku. In kun ƙi, ga dutse can, daga samansa ake jefo masu taurin kai."

Aka kulle mu a wani kogo kusa da madafar fada. Abba ya ce shi kam a jefo shi, ba zai rantse kan ƙarya ba. Ni ma na ce haka. Iya kuwa ta zauna ta zuba wa ƙofa ido. Ta tsagar ƙofar ana hango bolar madafa, inda aka zubar da ƙasusuwan wani babban bunsuru da aka yanka wa fadawa.

Can ta ce, "Ya ce mu rantse a kan darajar mai ƙasusuwan. Ya ce mu kira shi annabi?"

Abba ya ce, "A'a, wannan shi zai faɗa da bakinsa."

Ta ce, "To, ɗana, matso in gaya maka."

Da safe muka aika wa sarki cewa ba a nuna gawa ga jama'a sai an wanke ta an sa mata likkafani, kuma wannan aikin waɗanda suka kawo ta ne. Ya ji daɗi, ya aiko da akwatin da farin ƙyalle mai kyau, aka bar ni ina fita ɗebo ruwa. Duk fitar da zan yi sai na biya ta bola, in dawo da ƙashi a ƙasan tulu. Muka ɗinke ƙasusuwan bunsuru cikin likkafani, ɗinki mai ƙarfi. Shi kuwa maƙerin, Iya ta naɗe shi a tsohon mayafinta, ta goya shi a baya kamar jariri, ta rufa da bargo. Wanda ya gan ta sai ya ce tsufa ne ya ƙara mata doro.

Ranar kasuwa fili ya cika da fatake da raƙuma. Aka ajiye akwatin a kan wani dakalin dutse. Iya ta fara, ta ɗaga hannu ta ce, "Na rantse da Ubangijin Ibrahim, wanda ke cikin likkafanin nan bai taɓa yin ƙarya ba tsawon ransa, bai kuma taɓa cin naman kowa ba, a gaban ido ko a bayan ido."

Jama'a suka yi gunaguni na mamaki. Abba ya ɗaga gicciyensa ya ce, "Na shaida ya hau duwatsun da mutum ba ya iya hawa. Ganye ne abincinsa, kogo ne makwancinsa, bai mallaki ko riga ba. Wuƙa ce ajalinsa, kuma bai ɗaga hannu ya rama ba."

Wasu mata suka fara kuka. Aka zo kaina. Na ce, "Wallahi yana da gemu, kuma in ya sa kai gaba jama'arsa binsa suke yi. Bayan mutuwarsa ma, babu wani bafade a gidan nan da bai amfana da shi ba."

Sarki ya miƙe ya yi shelar abin da ya ga dama, aka buga ganguna, aka fara rabon abinci. A cikin taron nan na hangi mai dafa abincin fada ya toshe bakinsa da hannu biyu, kafaɗunsa suna girgiza. Na gane ya gane. Na raɗa wa Abba cewa mu tafi yanzu. Muka sulale ta tsakanin raƙuma, ba mu tsaya ko cika salka ba.

Muka gangara, muka yi ta gangarawa, kamar za mu shige cikin ƙasa. Iska ta yi nauyi, zafi ya zama kamar bakin maƙera. A ƙarshen gangaren sai ga wani teku shuɗi a kwance tsakanin duwatsu, gaɓarsa fari fat da gishiri, babu kifi, babu jirgi, babu ko ciyawa. Na ce Tekun Luɗu, inda aka kifar da biranen nan. Iya ta ce Tekun Gishiri. Abba ya ce Mataccen Teku. Wannan karon ba mu yi musu ba, duka ukun gaskiya ne. A bakinsa na ga wani ɗan itace mai 'ya'ya kore-kore masu ban sha'awa, Abba ya ce ya ji labarinsu, 'ya'yan la'ana ne, waje kyau ciki wofi. Na duba da kyau sai dariya ta kama ni duk da ƙishirwa, domin tumfafiya ce, irin wadda ke bayan gidanmu.

Dariyar ba ta daɗe ba. Ƙura ta taso a kan gangaren da muka baro, muka hangi ƙyallin masu. Gabanmu ruwa, dama da hagu fili, babu maɓuya. Inda muke tsaye ƙasa ta miƙe cikin tekun kamar harshe, har ɗaya gaɓar ta matso kusa, ana ganin duwatsunta sarai.

Iya ta ce, "Mu shiga."

Na ce, "Iya, ban iya iyo ba."

Abba ya ce, "Ni ma haka. A kan dutse aka haife ni."

Ta ce, "Kakannina sun ce ruwan nan ba ya haɗiye mutum. Ku kwanta rigingine kamar kuna kan tabarma, ku tura da hannu. Abu ɗaya, kada ya taɓa muku ido."

Ta kwance goyonta ta ɗora shi a ƙirji, ta shiga, ta kwanta. Sai ga ta a saman ruwa kamar ƙwarya. Na yi bisimilla na bi ta. Ruwan yana da santsi kamar mai, duk wata tsaga da ke ƙafata ta kama wuta, amma ya ɗauke ni, ko na so nutsewa ba zai bari ba. Mahayan suka iso gaɓa suna ihu. Wanda ya fi su zafin kai ya kora dokinsa ciki, ruwan ya fantsama a idon dokin, ya yi haniniya ya kayar da shi. Sauran suka harba kibau, suka faɗa bayanmu.

Mun wuce tsakiya ke nan iska ta taso. Ba babbar iska ba ce, 'yar igiyar ruwa ce da ko yaro ba zai ji tsoronta a gulbi ba. Ta zo ta mari Abba a fuska. Ya yi ƙara, ya sa hannu zai goge, hannun ma gishiri ne, ya ƙara a kan na da. Ya fara birkicewa. Na kamo wuyan rigarsa da hannu ɗaya, ina tura ruwa da ɗayan, ina ce masa, "Abba, kada ka buɗe, kada ka buɗe." Haka na ja shi har ƙafata ta taɓa ƙasa.

A waccan gaɓar babu ɗigon ruwan daɗi, salkarmu kuwa wofi ce. Iya ta lashi idanunsa da harshenta don ta cire gishirin, harshen nata ma a bushe yake. Muka riƙe shi muka bi gaɓa zuwa arewa, sai washegari muka sami wani marmaro yana zubowa daga dutse cikin ciyayi. Muka wanke, muka sake wankewa. Idanun da tun can ciwo ya ci rabinsu, yanzu sun yi fari kamar nono. Ya juya fuskarsa wajen rana ya ce, "Gari ya waye ne, ɗan Yamma?" Rana kuwa tana tsaka. Na damƙe hannunsa. Ya gane, ya gyaɗa kai, ya nemi sandarsa.

Daga nan hannunsa yana kafaɗata kullum. Ni ne idonsa, ina faɗa masa abin da muke wucewa. Iya ta nuna yamma ta ce bayan duwatsun can ne Hebron, inda kakansu Ibrahim yake kwance. Na ce Halil dai, kuma kakanmu ne. Abba ya ce, "Ku bar tsohon ya huta, 'ya'yansa sun yi masa yawa." Muka ratsa dabinan Ariha, muka gangara cikin wani kurmin kyauro, har muka ji motsin ruwa.

Abba ya tsaya cak. Ya ce, "Shi ne?"

Na ce, "Shi ne, Abba. Kogin Urdun."

"Faɗa mini yadda yake. Kada ka ƙara masa komai."

Na duba. Na so in ce masa faɗinsa ya wuce ganin ido, ruwansa garau kamar madubi. Amma mutumin da ya zaɓi a jefo shi daga dutse da ya yi ƙarya, ba a yi masa ita. Na ce, "Ƙarami ne, Abba. Ruwansa jaja-jaja ne da laka. Gulbin garinmu da damina ya fi shi. Mai ƙarfin hannu zai jefa dutse ya tsallake."

Sai ya fashe da dariya har da hawaye daga fararen idanun nan. Ya ce, "Madalla. Dama wanda muke bi, da ya shiga cikinsa, ba mai son girma ba ne. Ku riƙe ni."

Iya ta ajiye mijinta a gindin itace. Ta kama hannunsa na hagu, na kama na dama, muka shiga da shi har ƙugu. Ya nutsa, ya ɗago, yana waƙa da harshensu. Ba mu san me yake cewa ba, ba addininmu ba ne, amma ba mu sake shi ba sai da ya gama.

Hawan Kudus ya fi kowace hanya wuya, tudu bayan tudu, ƙasa busasshiya. Da muka kai saman na ƙarshe birnin ya bayyana gaba ɗaya, ganuwa da hasumiyoyi, da babbar ƙubba tana ɗaukar rana. Na ce Kudus. Iya ta raɗa Yerushalayim, ta juya bayanta ga birnin don goyonta ya fuskance shi, ta ce, "Ga shi nan, maigida." Abba ya ce in faɗa masa, na faɗa masa abin da nake gani.

A ƙofar gari muka tarar da cunkoso, baƙi daga kowace nahiya. Masu gadi suna tambayar kowa addininsa, suna tura shi wajen mutanensa, domin birnin unguwa-unguwa ne, kowace da ƙofarta. Wasu 'yan Habasha suka hango Abba, suka rugo suna sumbatar hannunsa, suka ɗauke hannun daga kafaɗata. Wasu mata suka kewaye Iya. Ni kuma wani ya ja ni yana cewa masaukin mutanen Yamma yana kusa da masallaci. Cikin hayaniya Iya ta ɗaga murya ta ce, "Jibi da hantsi a Dutsen Zaitun, ku zo mu kwantar da shi tare!" Abba ya amsa daga nesa, "In Allah ya yarda!" Na ɗaga hannu. Iyakar sallamarmu ke nan. Wa zai tsaya ban kwana da mutumin da zai gani jibi?

Na yi sallah a masallacin da na baro gida dominsa, na yi kuka, na gode wa Allah. Washegari aka wayi gari da annoba. Ta fara daga masaukin baƙi, amai da zawo, mutum ya kwanta da safe a binne shi da yamma. Hukuma ta rufe ƙofofin unguwanni, ba shiga ba fita. Na roƙi mai gadi, na ce akwai jana'izar da ake jirana, ya ce, "Jana'izar wa? Musulmi?" Na ce a'a. Ya dube ni kamar mahaukaci, ya nuna mini hanya da sanda. Kafin mako ya zagayo ni ma ta kayar da ni. Na daɗe tsakanin rai da mutuwa, da na tashi ƙafafuna kamar sillen kara.

Ranar da aka buɗe ƙofofi na rarrafa na hau Dutsen Zaitun. Kaburbura ne birjik har gangare. Na yi ta tambaya har na sami wani mai haƙa kabari da ya tuna da ita. Ya ce, "'Yar gajeriyar nan ta Yaman? Ta fito kafin a rufe tasu ƙofar. Ta hana mu rufe ramin, ta ce tana da ɗa da ɗan'uwa suna tafe. Muka jira har rana ta karkata, muka ce mata Iya, babu mai zuwa. Ta ce ba halinsu ba ne." Ya kai ni wajen. Tudun ƙasa biyu ne a jere, ɗaya ya fara kwantawa, ɗaya sabo. Ya ce annobar ta same ta bayan 'yan kwanaki. Na ga mutanensu suna ɗora ƙananan duwatsu a kan kabari, ban san ma'anarsa ba, na tsinci biyu na ɗora. Na zauna har inuwa ta juya, ban san addu'ar da zan yi ba, sai na riƙa ba ta labarin abin da ya tsare ni.

Daga nan na nufi wajen 'yan Habasha, wasu 'yan ɗakunan laka a kan rufin babban gidan ibadar Kirista. Wani tsoho a cikinsu ya ce Abba Yared ya tsira. Ya ce kowace safiya sai ya sa an zaunar da shi a bakin ƙofa, duk takun da ya ji sai ya ce, "Ɗan Yamma ne?" Da aka ce masa masaukinmu ya kusa ƙarewa da mutuwa, sai ya daina tambaya. 'Yan'uwansa masu komawa gida sun tafi da shi cikin ayarin Masar, ba a daɗe ba.

Na bi su da ƙafafun da ba su gama warkewa ba. A Gazza aka ce sun wuce. A bakin hamada aka ce ayarin ya rabu, wasu sun bi gaɓar teku, wasu sun yanki jeji, ba wanda ya lura da inda makaho ya bi. Na zaɓi gaɓar teku. Na isa Masar, na zauna ina ɗinkin takalma, ina zagaya duk inda 'yan Habasha ke sauka. Shekara ta juyo, wata ta bi ta.

Wata ranar kasuwa, a tsakiyar masu sayar da albasa, na hango shi. Dogo, siriri, baƙar riga, sanda tana laluben ƙasa, jakuna suna ture shi. Na watsar da takalman da ke hannuna, na kutsa cikin mutane ina kira, "Abba! Abba Yared!" Na kama hannunsa. Ya juyo.

Ba shi ba ne. Wani makaho ne daban, fuskarsa duk zanen agana.

Ya ce, "Wane ne?"

Na tsaya riƙe da hannun, na kasa saki. Na ce, "Ina za ka, baba?"

Ya ce, "Ƙofar kogi. Tun safe nake nema, mutane suna ta juya ni."

Na ɗora hannunsa a kafaɗata, muka ratsa kasuwar, ina faɗa masa ga rami, ga jaki, ga mai tuya. Da muka isa ya shafa fuskata da yatsunsa ya ce, "Ba ka gaya mini ko kai wane ne ba."

Na ce, "Wani ne da ya makara."

Ya ce, "A wajena dai ka zo a kan kari." Ya saki kafaɗata, ya bi bango ya tafi.

Bayan wannan ban ƙara nema ba. Na bi ayarin farko mai zuwa yamma.

Nan hikayar Barmo ɗan Mantau ta tsaya. Abin da na faɗa daidai, daga Allah ne. Abin da tsufa ya gauraya mini, ku yafe. Allah ya sa mu cika da kyau.